Zoben Hasken da Na Ɗora wa Kaina

Da shugabannin wannan zaure suka ce makon nan alƙalami a hannuna yake, na yi niyyar kawo darasi a kan yadda ake gina tauraron labari, irin wanda aka saba. Har na cika shafi biyu, sai na ga kaina kawai nake yaudara, domin akwai bashin da ke wuyana a zauren nan wanda ban biya ba. Waɗanda suka daɗe tare da mu za su tuna wani gajeren labari da na taɓa sakawa, na wani tsohon mai zane da ƙwaya ta lalata, da ɗan ƙanwarsa da ke kai masa abinci kullum yana yi masa nasiha. Ban taɓa rubuta abin da ya samu karɓuwa kamarsa ba. Wasu sun ce sun yi hawaye, wata baiwar Allah ta biyo ni ta akwatin saƙo tana tambayar yadda za ta taimaki tsohon, da yawa kuma suka yi ta sa mini albarka domin sun gane ni ne yaron. Bayan 'yan watanni na goge labarin ban ce wa kowa komai ba. Yau zan faɗi dalili, kuma silar abin wani ɗan fim ne na katun daga Kanada wanda bai cika minti 15 ba.

Tsohon nan kawuna ne, yayan mahaifiyata uwa ɗaya uba ɗaya. Kafin injin buga bana ya shigo gari, duk allon shagon da ka gani a unguwarmu, na tela ne ko na mai aski ko na kemis, aikin hannunsa ne. Direbobin manyan motoci sukan kwana suna jiransa ya zana musu zaki ko ɗawisu a bayan mota. Ba ya awo, da ido yake aiki, amma in ya jera haruffa sai ka rantse da zare ya ja su. Da kwamfuta ta zo, yaro ƙarami zai haɗa maka allo har da hotonka a jiki cikin awa ɗaya, a kuɗin da bai kai na fentin Kawu ba. Aiki ya ɗauke, bashi ya taru, aure ya mutu. Ya fara shan ƙwaya wai don ya samu barci, daga nan abin ya zarce. Yanzu a bayan tasha yake wuni, kusa da wani mai shayi, yana rubuta wa masu adaidaita sahu lamba a ba shi abin da ya samu.

Wannan duk na sa a labarin, kuma gaskiya ne. Ga abin da ban sa ba. Sau biyu kacal na je wurinsa kafin in yi rubutun, kuma duka biyun rubutun ne ya kai ni. Na kunna rikodar waya na jefa a aljihun gaba ban gaya masa ba. Abincin da yaron labarin ke kaiwa kullum, ni sau ɗaya na saya masa shayi da burodi. Sannan akwai ranar da muka zo wucewa ta tashar da yarinyar da nake nema a lokacin, na hango shi yana ɗaga mini hannu, na sunkuyar da kai kamar ina duba saƙo a waya har muka wuce.

Ina da wani aboki mai haɗa bidiyon biki, wanda son zane mai motsi ya kama shi har ya zame masa kamar ciwo. Wani dare da babu wuta a layinmu na je shagonsa cajin waya, ya jawo mini kujera ya ce, “Malam marubuci, zauna ka ga katun.” Na yi dariya, domin ni iyakar sanina da katun shi ne Tom and Jerry da muke kallo muna yara. Shi ya fara bayyana mini cewa akwai wata duniya ta gajerun fina-finan zane waɗanda ba don yara ake yin su ba, ba kuma don kasuwa ba. Mutum ɗaya ko 'yan kaɗan sukan shafe shekara biyu ko uku a kan fim na minti biyar ko goma, su kai shi bukukuwa irin na Annecy a Faransa ko na Ottawa a Kanada. Wani da yashi yake zanensa, wani da fenti a kan gilashi, wani da yumɓu, wani da kwamfuta. Ana ce musu fina-finan gwaji domin mai yin su yana gwada abin da zane zai iya faɗa wanda kyamara ba za ta iya ba. Wanda ya kunna mini a daren sunansa Ryan, na wani Chris Landreth, ya fito a 2004 ya kuma ci kyautar Oscar ta gajeren fim ɗin zane a 2005.

Sai kun san wane ne Ryan kafin ku gane abin da ya same ni. Ryan Larkin mutum ne na gaske, an haife shi a Montreal a 1943. Yana matashi ya shiga Hukumar Fina-finai ta Ƙasar Kanada, inda Norman McLaren, wanda ya kafa sashen zane mai motsi na hukumar, ya ga basirarsa ya ja shi a jiki. A 1968 ya fitar da Walking, fim na kusan minti biyar wanda ba komai a cikinsa sai mutane suna tafiya, kowa da irin takunsa, babu magana ko ɗaya. Fim ɗin ya kai ga shiga takarar Oscar. A 1972 ya sake fitar da Street Musique. Daga nan ruwa ya ƙare wa ɗan kada. Hodar iblis da giya suka shiga tsakaninsa da aikinsa, ya bar hukumar, a ƙarshe ya zama yana kwana a gidan marasa galihu, da rana kuma ya tsaya a titin Saint-Laurent, gaban wani sanannen gidan abinci mai suna Schwartz's, yana roƙon canji a hannun masu wucewa. A shekarar 2000 aka gayyato shi cikin kwamitin tace fina-finai na bikin Ottawa, a nan suka haɗu da Landreth. Landreth ya koma ya yi ta hira da shi yana naɗar murya, kuma da wannan muryar ya gina fim ɗin.

To ga inda gwajin yake. Duk maganar da za ka ji a fim ɗin ta gaske ce, daga bakin masu ita aka naɗo ta, har da tari da jan numfashi da in-ina. Amma jikin da aka ba muryar ƙirƙirarsa aka yi da kwamfuta, kuma ba a yi ƙoƙarin ya yi kama da mutum lafiyayye ba. Kan Ryan kusan duk ya zaizaye, ba abin da ya rage sai wani siririn ɓangaren fuska da ke riƙe da tabarau da ido da baki, kana hango bango ta cikin inda ƙwaƙwalwa ya kamata ta kasance. Hannayensa sun zama kamar ƙirare. A kan teburin da ke gabansa akwai wani fulas na abin sha wanda ƙananan hannaye suka tsiro masa suna yafito shi. Sauran mutanen da ke zaune a ɗakin cin abincin ma kowa da irin tasa naƙasar, wani ya narke a kan tebur, wani ya murɗe. Tsohuwar budurwarsa Felicity Fanjoy da tsohon furodusansa Derek Lamb, waɗanda su ma an yi hira da su, sun bayyana ne a matsayin zanen layi kawai, kamar an ciro su daga littafin zanen Ryan ɗin. Landreth ya raɗa wa wannan salo suna da Turanci, wanda in za mu juya shi sai mu ce gaskiyar zuci, wato a fito da abin da ke cin mutum a ciki a ɗora shi a fatarsa kowa ya gani.

Da kyamara aka ɗauki Ryan Larkin, abin da za mu gani shi ne dattijo siriri mai tabarau yana shan sigari, irin wanda muke wucewa kullum ba mu waiwaya ba. Zanen ne ya tilasta ni in ga girman abin da ya rasa, domin ga gurbin nan a fili. Wannan kaɗai darasi ne ga mai rubutu, amma ba shi ya hana ni barci ba.

Abin da ya hana ni barci abu biyu ne. Na farko, fim ɗin bai buɗe da Ryan ba. Da Landreth kansa ya buɗe, a tsaye gaban madubi, yana nuna mana wasu tabo masu launi a fuskarsa da kansa yana faɗin asalin kowanne. Wannan na lokacin da kyakkyawan zaton da yake yi wa soyayya ya rushe ne, wancan na lokacin da ya kasa sarrafa kuɗinsa ne, akwai kuma wanda ya girme su duka, tsoron kasawa da ya kama shi tun yana ƙaramin yaro. Sai da ya gama tona kansa sannan ya juya ya ce mu je mu ga Ryan.

Na biyu ya zo ne wajen ƙarshe. Landreth ya gyara zama, ya sassauta murya, ya fara yi wa Ryan nasiha, yana cewa tunda ya iya rabuwa da hodar iblis, yana so ya ga ya rabu da giya ma, ya koma aiki. Yana cikin maganar sai wani zoben fitila, irin doguwar fitilar ofis da aka lanƙwasa, ya fito a saman kansa ya kama da haske, kwaikwayon zoben da masu zanen Turai ke ɗora wa waliyyansu. Wato mai fim ɗin da hannunsa ya zana kansa a matsayin waliyyin ƙarya, ya yi wa kansa dariya tun kafin mu yi masa. Ryan ya fusata, ya doki tebur, wasu jajayen ƙayoyi suka fasa kansa suka fito, ya shiga faɗa a kan kuɗi da rashi da yadda aka ci moriyarsa aka watsar. Fitilar ta yi ta fari-fari har ta mutu ta langaɓe. Sannan muka gane inda nasihar ta fito, domin Landreth ya ambaci mahaifiyarsa Barbara, wadda ita ma giya ta cinye, kuma ita ya sadaukar wa fim ɗin. A fahimtata, rabin maganar da yake yi wa Ryan da mahaifiyarsa yake yi.

Abokina yana ta bayanin manhajar da aka yi aikin da ita, ni kuwa ban ji ko kalma ɗaya ba. Zoben nan nake kallo. Na gane shi sarai, domin irinsa na ɗora wa yaron cikin labarina, bambancin kawai shi ne ni ban bari ya mutu ba. Na goge shi tas, na kawo shi zauren nan, kuka yi ta yaba haskensa ina amsawa da “amin, na gode”.

Kada wani ya ɗauka ina cewa marubuci ba shi da ikon sauya abin da ya faru. Da haka ne da babu adabi. Bayan wannan dare na bi sawun irin waɗannan fina-finai, na ga yadda sauya siffa ke fito da gaskiya. Akwai Creature Comforts na Nick Park, wanda kamfanin Aardman na Ingila ya fitar a 1989, shi ma ya ci Oscar. An yi hira da talakawan gari, ciki har da mazauna gidan tsofaffi, a kan wurin zamansu da yadda suke ji da shi, sannan aka ɗauki muryoyin aka sa a bakin dabbobin yumɓu da ke gidan zoo. Wani ɗalibi ɗan Brazil da ke ƙorafin sanyin Ingila da abincinta da ƙuncin wuri, sai ga muryarsa a bakin wata babbar dabba dangin damisa tana kwance a keji. Ba a taɓa maganarsa ba, jiki kawai aka sauya masa, amma sai ka ji kewar gida ta baƙo fiye da yadda za ka ji da fuskarsa aka nuna.

Na kuma tarar ashe hukumar nan ta Kanada ba ta yi nisa da mu yadda na zata ba. Moustapha Alassane na Jamhuriyar Nijar, wanda aka haifa a 1942 ya rasu a 2015, ya kuma yi shekaru yana zaune a Tawa, ya je can ya ƙaro ilimin zane mai motsi a wurin McLaren ɗin da ya horar da Larkin. A 1966 ya fitar da Bon voyage Sim, ɗan gajeren katun da shugaban ƙasar kwaɗi ke tafiya ziyarar aiki, da faretin girmamawa da duk shagalin da muka sani. Shekara shida ke nan da samun 'yancin kai, kuma abin da zai yi wuya a faɗa da fuskar mutum, cewa mulkin ya koma wasan kwaikwayo, kwaɗo ya faɗe shi. A shekarar dai ya yi Le Retour d'un aventurier, wannan da mutane ne, inda wani saurayi ya dawo daga tafiya da akwatin kayan kaboyi ya raba wa abokansa, suka sa, suka sauya sunaye, har kayan suka fi ƙarfinsu suka fara ta'adi a garinsu. Mu da muka tashi da Gizo da Ƙoƙi, muka ga yara suna shigar tsofaffi a tashe suna faɗa wa manya abin da ba mai iya faɗa musu da rana, wannan ba baƙon abu ba ne a wurinmu.

Ashe tambayar da ya kamata in yi wa kaina tun farko ita ce, duk sauyin da na yi a labarin, wa ya amfana da shi? Na ɗauko rubutun na bi shi layi-layi da jan biro. Na sa hannun Kawu yana rawa har buroshi na faɗuwa, abin da ban gani ba. Na sa shi ya fashe da kuka ya riƙe rigar yaron, abin da bai faru ba. Na cire barkwancinsa gaba ɗaya, alhali mutum ne da in ya fara ba'a sai mai shayi ya ajiye buta don dariya, na cire ne domin mai ban dariya ba ya ba da tausayi yadda nake so. Yaron kuwa na ƙara masa zuwa, na ƙara masa haƙuri, na cire masa rikoda, na cire masa sunkuyar da kai. Ko sauyi ɗaya ban samu ba wanda ya rage ni ko ya ƙara Kawu. Na rage masa tsawo ne don in fi shi.

Ban ce Landreth ya fita tsaf ba. Akwai wani fim na gaskiya mai suna Alter Egos, na Laurence Green, wanda ya fito a 2004, a ciki an nuna Larkin yana kallon fim ɗin da aka yi a kansa karo na farko, kuma a fili yake cewa ganin kansa kamar ƙwarangwal bai yi masa daɗi ba. Landreth ne ya hau dandamali ya karɓi Oscar. Gaskiya ne fim ɗin ya sa duniya ta sake tunawa da Larkin, har ya koma zane ya fara wani sabon fim mai suna Spare Change, amma bai ga ƙarshensa ba. Ciwon daji ya yi ajalinsa a watan Fabrairun 2007 yana da shekara 63, abokiyar aikinsa Laurie Gordon ce ta ƙarasa fim ɗin bayan rasuwarsa. Duk wanda ya ɗauki ciwon wani ya yi aiki da shi ya ci bashi, kuma tona kanka ba ya biyan bashin duka. Amma aƙalla Landreth ya nemi izini, ya kai wa mutumin aikin ya gani, ya kuma tsaya a cikin hoton da nasa raunin a buɗe. Ni ko ɗaya daga ciki ban yi ba.

Sai da na yi sati biyu ina juya abin kafin na iya zuwa tasha. Na same shi bayan la'asar a tsugune bayan wata adaidaita sahu yana rubuta lamba. Na durƙusa na gaishe shi. Bai ɗago ba ya ce, “A'a, yau marubuci ne a tasha?”

Gabana ya faɗi, domin ban taɓa gaya masa ina rubutu ba. Na fara kame-kame ina cewa akwai abin da na zo in karanta masa in kuma nemi gafara. Ya ce, “Hutar da bakinka, ɗana. An karanta mini tun tuni. Yaron mai shayi ne ya gani a wayarsa, ya ce Baba wannan ai kai ne.”

Wato duk watannin nan da nake karɓar albarka a zauren nan, shi ya sani, bai aiko an kira ni ba, bai kuma kai ƙarata wurin mahaifiyata ba. Ya gama lambar, ya goge buroshi a tsumma, sannan ya ce in matso. Ya tsoma buroshin a fenti ya ja layi ɗaya a jikin wani katako, tun daga wannan baki har wancan, ko karkata babu.

“Ka ce hannuna yana rawa. In na ɗauki kofin shayi yana rawa, ban musa ba. Amma bai taɓa rawa da buroshi ba, shi kaɗai ya rage mini, shi kuma ka ɗauke. Da ka tambaye ni da na gaya maka. Sannan ka ce na yi kuka. A gabanka? Ni da na ɗora ka a kafaɗa na kai ka kallon hawan sallah?”

Na kasa cewa komai. Ya yi 'yar dariya ya ce, “Amma yaron nan na cikin labarin yaron kirki ne. In ka gan shi ka ce ya zo, ina son in san shi.” Can kuma, kamar abin bai dame shi ba, ya tambaye ni ko an sa rana da yarinyar da muka wuce tare ranar nan.

Na sha jin maganganu masu zafi a rayuwata, amma ban taɓa jin wadda ta shige ni kamar waɗannan ba, kuma ko murya bai ɗaga ba. Da na samu bakin magana na ba shi haƙuri, na gaya masa har zancen rikodar. Ya ce ya ga hasken wayar ta cikin aljihu tun a ranar.

Kafin magariba na nuna masa Ryan a wayata. Turancinsa bai kai ya bi hirar ba, don haka ina fassara masa sama-sama. Bai ce komai a kan zaizayayyen kan ba. Guntayen Walking da aka sako a ciki su suka ɗauke masa hankali, ya sa na nemo masa cikakkensa ya kalla har sau biyu, ya ce, “Wannan ya san ƙafa. Ya zauna ya kalli mutane, ba ji ya yi ba.” Da muka zo wurin zoben fitilar kuwa ya yi dariya har da tari, ya nuna ni da buroshi bai ce uffan ba. Daga nan ya yagi kwalin sukari a wurin mai shayi, ya karɓi biro, cikin minti kaɗan ya miƙo mini. Ni ne ya zana. Ya yi mini kunne ɗaya ƙato kamar faifai, ya sa wa aljihun rigata ido, wuyana kuma ya murɗe shi fuskar tana kallon baya. Duk wanda ya san ni in ya gani zai ce ni ne, alhali ba abin da ya yi kama da ni a ciki. Kwalin nan yana manne a bangon da nake fuskanta in zan yi rubutu.

Ba zan ce muku Kawu ya daina shan abin da yake sha ba, domin bai daina ba, kuma in na ce ya daina na sake ɗora zoben ke nan. Ina zuwa wurinsa ranar Juma'a in na samu hali, wani satin ban zuwa. Labarin ina sake rubuta shi, yau wata na nawa ban gama ba, domin yaron da ke ciki yanzu yana da rikoda a aljihu kuma rubuta shi ba daɗi. Wannan rubutun da kuke karantawa sai da na karanta masa shi kafin in kawo, ya yarda bisa sharaɗi ɗaya, wai in faɗa wa mutanena cewa hannunsa ba ya rawa da buroshi. To na faɗa.

Da yawanmu a zauren nan da mutanen gida muke fara rubutu, kishiyar uwa, mijin yaya, maƙwabciyar da aka saka, ƙanin da ya lalace, domin su muka sani. Ba laifi ba ne, kuma ba laifi ba ne a sauya musu kama, wani lokacin ma sai an sauya gaskiyarsu ke fitowa. Abin da nake roƙo shi ne, in ka gama, ka ɗauki jan biro ka bi duk inda ka ƙara ko ka rage, ka duba wa abin ya yi wa amfani. In ka tarar kullum kai ne mai haƙuri, mai hangen nesa, wanda aka zalunta, to ka ɗaga kai ka duba ko akwai fitila a sama. In kuma mutumin yana raye kuma za a iya gane shi, ka yi ƙarfin halin kai masa ya ji kafin duniya ta ji, domin waya ta kai inda ba ka zato.

Mai son kallo zai samu Ryan da Walking a shafin hukumar fina-finan Kanada da kuma YouTube. Sai dai in ja kunne, akwai sigari da giya da zafafan kalmomi a na farkon, akwai kuma zanen mutum ba tufafi a na biyun, don haka ba na kallo da yara ba ne. Baiwar Allahn da ta nemi taimaka wa tsohon na yi ta yi mata hanya-hanya don kada ta je ta ga bambanci, ina neman afuwarki. Sauran da suka sa mini albarka a kan abin da ban aikata ba, ku mayar da ita kan Kawu, ya fi ni buƙata kuma ya fi ni cancanta. Allah Ya shirye mu baki ɗaya, Ya sa alƙalumanmu su zama hujja gare mu. Ina sauraron gyaranku.